Gangar da ke Cikin Wayar Yaya Dudu

Sahabi ɗan kabu-kabu ne a Yelwa, kuma duk wanda ya san shi ya san mutum ne da ba ya iya zama wuri ɗaya. Ko abinci a tsaye yake ci, ido a kan hanya. A shekarun da waya ta fara yawa a hannun 'yan kasuwar kifi, wata rana cikin damina ya kai fasinja wajen Shanga, ya sauke shi lafiya. A hanyar dawowa saniya ta faɗo masa daga cikin gero. Bai san sadda ya rabu da mashin ba. Ya dai buɗe ido ya ga mutane a kansa, cinyarsa ta dama kuma ta lanƙwashe a inda babu gaɓa.

Aka ɗauke shi zuwa gidan Malam Salisu maɗori, a wani ƙauye na bakin kogi. Rumfuna biyu ne dogaye a gidan, ɗaya ta maza, ɗaya ta mata, majinyata kwance a jere bisa tabarmi, kowa da abin da ya karye masa. Malam ya sa ƙarti suka danne shi, ya ja ƙafar har Sahabi ya kira sunan innarsa da ta daɗe da rasuwa, sannan ya ɗaure da karare da tsumma.

"Ka kwanta," in ji Malam. "Sai an yi girbi mu ga abin da Allah yay yi."

Zafin ƙafar bai dame shi kamar kwanciyar ba. Daga inda yake yana jin ƙarar mashina can bisa hanya, har yana gane wanda sarƙarsa ta saki da wanda mai ya yi wa yawa. Matarsa Zuliha takan zo ranar kasuwa da tuwo da wankakkun kaya, ta same shi fuska a murtuke, ta koma da nata a murtuke. Ya daina yi wa kowa magana in ba dole ba.

Yayarsa Dudu ce ta fara gajiya da wannan hali. Mace ce mai fataucin bandar kifi zuwa kudu, mai murya kamar ta mai shela. Ta zo ta tsaya a kansa ta dube shi, sannan ta kwance bakin zane ta fiddo wata 'yar waya mai gilashi mai launi, ta ajiye masa a ƙirji.

"Na yi sabuwa. Riƙe wagga. Ni ban san komi cikinta ba in ba kira da amsawa ba, amma an ce har wasanni akwai. Ka yi ta latsawa, ko ka bar hararar mutane."

"Yaya, mi zan yi da wasa? Ni yaro na?"

"Yaro ya fi ka daɗin jinya," ta ce, ta juya ta tafi gaida matar Malam.

Da farko don haushi ya riƙa latsawa. Ya yi wasannin har suka gundure shi. Sai wata rana da hantsi, can ƙarƙashin wasannin, ya tarar da wani abu mai hoton ganga. Ya buɗe. Layuka huɗu ne, kowanne da 'yan akwatuna a jere. Layin sama na ganguna ne, na biyu wani sauti mai kauri kamar babbar tsirkiya, na uku mai kama da fiyano, na ƙarshe kuma busa da ƙararrawa. In ka shiga akwati sai ka zaɓi guntun kiɗan da aka riga aka shirya, ka saka, ka matsa gaba. In ka gama jerawa ka danna, sai wayar ta haɗa su duka ta kaɗa maka.

Sahabi ya jera, ya danna. Wata 'yar siririyar ƙara ta fito, kamar sauro na biki. Bai san sadda ya yi dariya ba, ita ce ta farko tun da aka kawo shi. Ya canza wannan, ya cire wancan, ya ƙara sauri, ya rage. Ranar har azahar ta yi bai ji ƙarar mashin ko ɗaya ba.

A tabarmar da ke kusa da tasa akwai wani tsoho, hannunsa na dama a ɗaure tun daga yatsu har gwiwa. Kullum fuskarsa na kallon zana. Abin da Sahabi ya sani game da shi bai wuce abin da ya tsinta a bakin masu jinya ba: Baba Nagungu ake ce masa, daga wani ƙauye ne gaba da Warra, kuma jirgi ne ya matse masa hannu a jikin kututturen itace cikin tafki. Ba ya magana, ba ya nishi, abinci ma sai jikarsa ta yi da gaske.

Kwana da kwanaki Sahabi na ta kiɗansa. Ran nan dai, ba tare da ya juyo ba, tsohon ya ce, "Kai, mai waya."

Sahabi ya waiga. "Na'am, Baba?"

"Ko ka kashe abin ga, ko ka gyara shi. Gangar taka ɗingishi takai, ta fi ka karyewa."

Rumfa ta ɗauki dariya. Wani mai karayar haƙarƙari ya riƙe gefensa yana roƙon a bari. Sahabi ya ji kunya, ya kuma ji haushi.

"To, Baba, in ka iya, gyara mani."

Tsohon ya juyo a hankali, yana tallafe da hannun. A ranar Sahabi ya fara ganin fuskarsa sosai, doguwa, da idanu jajaye irin na mutanen da suka tsufa a kan ruwa. Ya buɗe baki ya yi kiɗan da harshe, yana buga gwiwarsa da hannun hagu: kin-di-rin, ka-ta, kin-di-rin. Can ƙarshen rumfa wani mai jinya, Bagunge, wato ɗan ƙabilar tsohon, ya ɗago kai da sauri.

"Ashe ba ku san shi ba?" in ji mutumin. "Wanga shi ka yi muna kiɗan tseren jirage. In yaɗ ɗora gula bisa ganga, ko matacce na cikin jirgi sai ya yi tuƙi."

Tsohon ya matso kusa da Sahabi. Wayar yake kallo.

Suka shiga aiki. Baba Nagungu ya kaɗa da baki, Sahabi ya bi guntayen kiɗan cikin wayar ɗaya bayan ɗaya yana neman mai kama da shi. Babu. Wanda ya yi kusa a farko sai ya goce a ƙarshe. Tsohon ya saurara, ya saurara, sannan ya gano inda matsalar take.

"Dubi nan, ɗana. Filafili, abin tuƙin nan, shiga shikai cikin ruwa, a ja, shi fito. Uku ke nan. Kiɗanmu bisa ukun ga shike tafiya. Wagga taka huɗu-huɗu takai, kamar sojoji na fareti. Wanda yay yi ta bai taɓa shiga jirgi ba."

Da Dudu ta dawo, Sahabi ya kwashe bayani ya gaya mata. Ba ta gane rabin abin da yake faɗi ba, amma ta ga ƙanenta ya tashi zaune yana magana da hannu biyu, wannan ya ishe ta. Ta karɓi wayar ta tafi da ita Yelwa, wurin wani mutumin Onica mai gyaran waya a bakin kasuwa, ta ce masa ƙanenta na son ganga mai tafiya uku-uku. Mutumin ya yi dariya, ya bincika tasa wayar, ya tura mata wani abu ta bulutut, ya ce a gwada wannan.

Da ta dawo masa da wayar, sai ya ga wannan kuwa daban yake. Babu kiɗan da aka shirya a ciki. Akwatunan fanko ne, kowane akwati bugu ɗaya, kuma kana iya rage tsawon layi yadda kake so. Layi ɗaya babbar ganga, ɗaya ƙarama, ɗaya tafi, ɗaya wani abu mai kama da caki. Sahabi ya rage layin har ya rabu uku-uku, sannan ya ce, "Bismilla, Baba. A hankali dai."

Ba a rana ɗaya aka gama ba. Tsohon ba ya iya yin kiɗan a hankali, domin bai taɓa raba shi gunduwa-gunduwa ba tun da ya koya a hannun mahaifinsa, a gungunsu, tsibirin da ruwan madatsa ya cinye sadda aka yi tafkin. In Sahabi ya ce, "Tsaya, bayan babbar mi ka zuwa?" sai ya rikice, ya koma farko, ya yi tsaki. Wani lokaci su yi faɗa kamar sa'o'in juna. Batir ma ga shi da mutuwa ana tsaka da abu, sai a jira mai zuwa Shanga ya kai caji wurin mai janareta. Daga baya Malam Salisu, wanda da farko yake wucewa yana girgiza kai, ya ba su aron batirin motar da yake jin rediyo da shi. Matarsa Hasiya kuma, da ta ji ƙarar ba ta da kauri, ta kawo wani tsohon tulu mai tsaguwa ta ce a jefa wayar ciki a ji. Aka jefa. Sai ga babbar ganga ta yi ciki, ta yi gindi, kamar ta gaske ce ake bugawa daga nesa.

Ranar da kiɗan ya zauna, da la'asar ce. Sahabi ya matsar da bugu ɗaya na ƙaramar ganga zuwa akwatin gaba, ya danna, ya saka wayar a tulu. Baba Nagungu ya rufe ido. Kiɗan ya zagayo, ya sake zagayowa, bai ce a tsaya ba. Sai kafaɗarsa ta fara motsi. Can ya ɗaga kai ya saki murya da yarensu, wata murya mai tsawo da Sahabi bai taɓa zaton tana cikin wannan ƙirjin ba. Bagungen nan mai jinya ya amsa daga ƙarshen rumfa. Mata suka bar daka suka leƙo ta saman zana. Jikar tsohon, wadda ta shigo da kwanon fura, ta tsaya a bakin rumfa ta kasa ƙarasowa, hawaye na zuba.

Da waƙar ta ƙare tsohon ya buɗe ido. Sannan ya miƙa hannun hagu ya karɓi furar, ya shanye tas, ya ce a ƙaro.

Bayan wannan suka saka kiɗan kokawa, da na noma, da wani mai sanyi da ake yi in jirage na komowa da yamma. Wayar ba ta ɗaukar da yawa, sai da Sahabi ya share wasannin duka da hotunan da suka zo da ita.

Gero ya nuna, aka fara girbi. Malam Salisu ya kwance ƙafar Sahabi, ya latsa nan ya latsa can, ya ce ƙashi ya kama, saura takawa. Aka ba shi sanda, aka ɗaga shi tsaye. Nan fa abin ya gagara. Ƙafar ta rame, ta zama kamar ba tasa ba, kuma duk sadda ya yi niyyar sauke ta ƙasa sai ya ji ƙarar da ta yi ranar da ta karye. Ya yi ta tsalle da ƙafa ɗaya, gumi na keto masa. Malam ya lallashe shi, ya yi masa faɗa, duk a banza. Mutumin da da ba ya iya zama, yanzu shi ne ke roƙon a bar shi ya kwanta.

Baba Nagungu na kallo daga tabarmarsa. Ran nan da safe ya ce, "Sa muna na komowar jirage. Ka rage mashi sauri, ka rage ƙwarai."

Sahabi ya rage har kiɗan ya zama kamar numfashin mai barci.

"Yawwa. To, tashi. Kada ka dubi ƙafar. In babbar ganga taf faɗi, ka aje ta. Ba kai ka ajewa ba, ganga ta ka ajewa. Kai dai bi ta."

Tsohon ya miƙe ya tsaya a gefensa, ya ba shi kafaɗarsa ta hagu. Babbar ganga ta faɗi, Sahabi bai taka ba. Ta zagayo ta sake faɗi, bai taka ba. Tsohon ya fara waƙa ƙasa-ƙasa, yana jan jikinsa gaba kamar mai tuƙi, sai Sahabi ya ji tafin ƙafarsa a kan ƙasa mai sanyi, nauyinsa duka a kai, kuma babu abin da ya karye. Ya sake. Suka bi tsawon rumfa, majinyata na tafa musu a hankali daidai da kiɗan, har suka fita tsakar gida inda Hasiya ke shanyar kuɓewa. A nan ya zauna bisa turmi ya rufe fuska da hannu, yana ta faɗin alhamdu lillahi.

Daga ranar Malam Salisu da kansa yakan ce, "Sahabi, kawo tulun ga," duk sadda za a tayar da wani.

Hannun Baba Nagungu kuwa bai yi yadda aka so ba. Da aka kwance, ƙashi ya haɗe, amma yatsun sun sandare, ba sa lanƙwasuwa. Jikarsa ta sa masa cokali a ciki, ya zame ya faɗi. Malam ya ce a yi ta shafa man shanu ana murzawa, ikon Allah da yawa yake, amma bai dubi idon tsohon ba sadda yake faɗi. Sahabi ya dubi tsohon cikin tausayi.

"Bar jin tausaina," in ji tsohon. "Tun ranar da jirgi yam matse shi na san ya tafi. Abin da ad damuwata, in mutu da kiɗan ga cikin kaina. Yaranmu duk sun koma kaset. Yanzu ko ga shi cikin tulu." Ya yi 'yar dariya. "Allah shi yi ma yayarka albarka. Kai ma haka."

Suka rabu a bakin hanya, tsohon ya nufi Warra, Sahabi ya koma Yelwa.

Ƙafar ta ɗan gajarce, don haka ya daina doguwar tafiya, sai cikin gari. In rana ta yi zafi yakan zauna a shagon mutumin Onica, su yi ta gwada sababbin abubuwan kiɗa da ke shigowa. Kiɗan tseren jirage kuwa ya bi bulutut ya shiga wayoyin 'yan kasuwar kifi da masu jiragen inji, har ya zama in waya ta yi ƙara a bakin ruwa sai mutum biyar su laluba aljihu. Duk wanda ya tambaya, Sahabi yakan ce, "Na Baba Nagungu na. Ni jerawa kawai niy yi."

Bayan sallar layya wani mai jirgi ya kawo masa saƙon baki: tsohon na aurar da jikarsa, kuma ya ce in Sahabi bai zo da waya ba, ba za a yi kiɗa ba. Ya shirya ya bi jirgin inji zuwa Warra, daga nan aka ƙarasa da shi a kwalekwale.

Ya tarar da gari cike. An ɗauko lasifika da janareta, wani ya haɗa 'yar igiya daga wayar zuwa na'urar. A gefen fili an jingine gangunan tsohon guda biyu, an sake musu fata, amma ba wanda ya taɓa su. Wasu magidanta biyu, 'ya'yan ƙanen tsohon, na tsaye kusa da su suna ta kallo. Tsohon ya gaya wa Sahabi a kunne cewa tun da kiɗan ya shigo wayoyinsu suke koyo a ɓoye, kunya ce ta hana su bugawa a gabansa.

Bayan la'asar aka fara. Kiɗan da aka haifa cikin tulu ya fito ta lasifika ya cika bakin tafki. Baba Nagungu ya tsaya tsakiyar fili cikin babbar riga, hannun dama a cikin aljihu, ya ɗaga na hagu ya saki murya. Tsofaffin mata suka yi guɗa, maza suka jeru suna tuƙi da hannu a iska, ƙura ta tashi. Sahabi na zaune bisa benci, waya a tafin hannu, yana jin gangar a cikin haƙarƙarinsa.

Ana tsakiyar haka kiɗan ya yanke ɗif. Wayar ta yi ƙara. Cikin ruɗewa Sahabi ya danna amsawa, sai muryar Dudu ta fashe a lasifika, gari duka na ji.

"Sahabi! Ka isa lafiya? Ka ci abinci? Kada ka tsaya bisa ƙafar ga da yawa, ka ji ko!"

Fili ya kece da dariya. Sahabi ya fizge igiyar, ya kara wayar a kunne, yana cewa, "Yaya, don Allah, kiɗa mukai!" Amma kafin dariyar ta lafa sai ya ji babbar ganga ta faɗi a bayansa, daidai inda aka tsaya. Ƙaramar ta bi ta. Ya waiga. Magidantan nan biyu ne, kowa ya rataya tasa, idanunsu a kan tsohon. Bugun farko ya ɗan yi rawa. Tsohon ya juya ya dube su, ya kaɗa musu kai sau ɗaya, ya ɗora waƙarsa daga inda ya bari.

"Mi a wannan nika ji?" in ji Dudu a waya.

"Ganga ta, Yaya. Ta gaske."

"To, riƙe mani in ji."

Ya ɗaga wayar sama ya riƙe mata har kuɗin kiranta suka ƙare.

Washegari da hantsi tsohon ya rako shi bakin ruwa, mutum biyu na biye da su ɗauke da wani ƙaton busasshen kifi, giwan ruwa, a naɗe cikin tabarma. Sahabi ya fara cewa abin ya yi yawa.

"Ba naka ba na," in ji Baba Nagungu. "Na yayarka na. Ka ce mata ta zo da kanta in ruwa ya janye, matan garin ga na son su ga mai muryar." Ya kama hannun Sahabi da hagunsa ya riƙe. "Akwai sauran kiɗa uku da ban ba ka ba. Na farautar dorina da wuya shike, sai ka kwana biyu nan."

"In sha Allahu, Baba. Zan zo da Zuliha da yara."

Mai kwalekwale ya tura jirgi. Sahabi ya gyara zaman ƙafarsa a kan kifin, ya ɗaga hannu. Tsohon bai jira sun yi nisa ba, ya juya ya hau tudu da sauri, domin can cikin gari an fara taɓa ganga, kuma da ji ƙaramar na shiga kafin lokacinta.